Ƙungiyar da Aka Ceto da Ganga a Hiroshima

Tambayar wannan mako ta fito ne daga Malama Hadiza a Maraɗi. Tana son sanin yadda mutanen Japan suka rayu lokacin da sojojin ƙawance suka mamaye ƙasarsu, da kuma ko an ci gaba da wasanni. Mun gode, Malama Hadiza.

Mamayar ta fara a 1945, ƙarƙashin Janar MacArthur na Amurka, ta ƙare a 1952. Yunwa ce babbar damuwa. Shinkafar da hukuma ke rabawa ba ta kai wa ko'ina, don haka mutanen birni kan cika jirgin ƙasa zuwa ƙauye, su ba manoma tufafinsu a musanya musu da dankali.

Duk da haka besbol, wasan nan da ake dukan ƙwallo da kulki, ya dawo a 1946.

A Hiroshima, birnin da bam ɗin nukiliya ya rusa, ƙungiyar Hiroshima Carp ta shiga gasa a 1950. A lokacin, sauran ƙungiyoyi na da kamfanonin da ke riƙe da su, ita kuwa Carp ba ta da uban gida. Albashin 'yan wasa ma ya gagara. Da aka fara batun haɗe ta da wata ƙungiya a 1951, sai aka ajiye gangunan barasar shinkafa, waɗanda babu komai a ciki, a ƙofar fili. Mutanen da ko rufin kirki ba su da shi suka riƙa jefa 'yan kuɗinsu ciki.

Carp ta tsira, Malama Hadiza, amma kofin rukuninta na farko sai a 1975 ta ɗauka.