GARKUWAR TSIRRAI DA DARASIN TAWAKKALI

Dukkan yabo da godiya sun tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, wanda Yake tsare ƙwayar hatsi a cikin ƙasa har ta zama zangarniya. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, darasin wannan mako ya shafi wata aya ce daga cikin ayoyin Allah wadda manomi da makiyayi ke wuce ta kullum, watau yadda itatuwa da shuke-shuke ke kare kansu daga masu cinsu da kuma cututtuka. Kowace dabba tana da mafita idan ta ga abokin gaba: barewa ta sheƙa da gudu, kurciya ta tashi sama, gafiya ta faɗa rami. Itace kuwa inda ya tsiro nan zai rayu, nan kuma zai mutu, ga akuya na haƙon ganyensa, ga fara da tsutsa, ga cututtukan da ido ba ya iya gani. Duk da haka ƙasa ba ta taɓa rasa tsiro ba. A aya ta 50 ta Suratu Ɗaha, inda Annabi Musa (A.S.) ke ba Fir'auna amsa, an nuna cewa Ubangiji ne Ya ba kowace halitta siffar da ta dace da ita, sa'an nan Ya nuna mata hanyar rayuwarta. Itacen da ba a ba shi ƙafar gudu ba, an ba shi garkuwa iri-iri.

GARKUWA TA ZAHIRI

Ta farko ita ce ƙaya, irin wadda ke jikin bagaruwa da aduwa da magarya da gawo. Ƙaya ba ta hana akuya cin ganye ɗungum, amma tana tilasta mata ta riƙa tsinka kaɗan-kaɗan, ta yadda ba za ta tsige itacen ta kashe shi ba. Masana a ƙasar Kenya sun auna ƙayar wani itace ɗan'uwan bagaruwa, suka tarar rassan da dabbobi ke yawan ci sun fi fid da dogayen ƙayoyi bisa ga rassan da baki ba ya kaiwa. Watau itacen yana ƙara makami ne a inda ake kawo masa hari.

Haka kuma ƙaro, wanda ake tatsa daga dakwara ana sayarwa har ƙasashen waje, ainihinsa abin toshe rauni ne. Idan aka ji wa ɓawon itacen ciwo, sai ƙaron ya fito ya daskare a wurin, ya hana ruwan jiki fita, ya kuma hana ƙwaro da cuta shiga.

ƊACI DA DAFI

Garkuwa ta biyu a ɓoye take cikin ganye da saiwa da 'ya'ya. Farin ruwan tumfafiya yana da dafin da ke taɓa zuciya, shi ya sa ake ganinta kore shar a tsakiyar rani, dabbobi na kewaye ta. Baurin 'ya'yan bagaruwa, wanda majema ke jeme fata da shi, shi ne ke wahalar da narkewar abinci a cikin dabbar da ta ci da yawa. Yajin barkono yana korar ɓera, amma tsuntsu ba ya jinsa ko kaɗan, sai ya haɗiye 'ya'yan ya je ya kasayar da irin a wani wuri ya tsiro.

A shekarar 1959, lokacin da farin ɗango suka auka wa ƙasar Sudan, wani masani Bajamushe mai suna Heinrich Schmutterer ya lura cewa sun cinye kusan kowane ganye amma sun bar dogon yaro, watau darbejiya. A 1968 masana a Ingila suka ware sinadarin da ke cikinsa, wanda ke kashe wa ƙwaro sha'awar ci, ya kuma hana shi girma. Manoman da ke zuba busasshen ganyen dogon yaro cikin rumbu da wannan garkuwa suke aiki.

A nan akwai gargaɗi, domin abin ya shafi rai. Rogo, musamman mai ɗaci, yana ajiye sinadarai biyu a ma'aji daban-daban cikin jikinsa. Muddin ba su haɗu ba babu illa, amma da zarar an tauna ko an daka, sai su haɗu su fid da guba mai suna sayanayid. Saboda haka wajibi ne a feƙe shi, a jiƙa shi kwana uku ko fiye, a zubar da ruwan, a shanya shi ya bushe sarai kafin a ci. Gubar takan ƙaru a shekarar fari, daidai lokacin da yunwa ke sa mutane gaggawa. Irin wannan guba tana cikin ƙaramar dawa da kuma gyauronta, watau tohon da ke fitowa bayan an yanke kara, kuma takan kashe saniya nan take. Wanda aka ba amanar iyali ko ta garke, ya san wannan sa'an nan ya yi sakaci, to, ya tozarta amana.

YAƘI DA CUTA

Garkuwa ta uku ita ta fi ban mamaki, domin ba ta tashi sai an taɓa shukar. A 1972 wasu masana biyu a Amurka, Green da Ryan, suka gano cewa idan ƙwaro ya ciji ganye guda na tumatir ko dankalin Turawa, saƙo kan ratsa jikin shukar, sauran ganyayen da ba a taɓa ba su fara tara sinadarin da ke hana ƙwaron narkar da abin da ya ci. A 1990 kuma aka tabbatar cewa masarar da tsutsa ke ci tana fid da wani ƙanshi da ke jawo wasu ƙananan zanzaro, su zo su saka ƙwai a jikin tsutsar, 'ya'yansu su cinye ta.

Idan kuwa ƙwayar cuta ce ta shiga ganye, shukar da ta gane ta takan kashe ɗan yankin da ke kewaye da wurin, cutar ta rasa abinci ta tsaya nan. Wasu daga cikin ƙananan busassun ɗigo-ɗigon da ake gani a ganye alamar wannan yaƙi ne. Sa'an nan sauran jikin shukar yakan zauna cikin shiri har tsawon makonni.

Amma ba kowane iri ne ke gane kowace cuta ba, kuma Arewa ta ɗanɗana wannan a 1975, shekarar da cutar kuturtar gyaɗa, wadda ƙwarin darɓa ke yaɗawa, ta halaka gonaki bila adadin, ta ƙara durƙusar da cinikin da ya gina dalar gyaɗa a Kano. Maganin kuwa yana cikin gyaɗar kanta. Tun wajen shekarun 1950 an sami wasu irin gargajiya masu jure cutar a yankin iyakar Burkina Faso da Kwaddebuwa, kuma da irin wannan juriya ne masana, ciki har da na Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru a Zariya, suka samar da sababbin iri ga manoma.

ABIN KOYI

Darasi na farko shi ne ma'anar tawakkali. Babu halittar da ta fi itace dogaro ga Mahaliccinta, tun da ba ya neman ruwa sai wanda aka kawo masa, amma duk da haka ba a bar shi haka siddan ba. Imam Tirmizi ya ruwaito cewa wani mutum ya tambayi Manzon Allah (S.A.W.) ko ya ɗaure raƙumarsa ko ya sake ta ya dogara ga Allah, sai aka umurce shi da ya haɗa biyun. Saboda haka manomin da ya nemi iri mai juriya, ya yi shuka da wuri, ya tuge shukar da ta kamu, ya nemi shawarar malamin gona, bai saɓa wa imani da ƙaddara ba. Wanda ya bar waɗannan yana cewa Allah na nan, lalaci ya yi, ya sa masa sunan addini.

Na biyu shi ne iyaka. Aya ta 19 ta Suratul Hijri ta nuna cewa abin da ƙasa ke tsirarwa a kan awo yake. Magarya tana tsare ganyenta da ƙaya, amma idan 'ya'yanta sun nuna sai ta zubo da su ga yaro da tsuntsu da akuya. Haka ya kamata Musulmi ya tsare mutuncinsa da dukiyarsa ba tare da ya hana alheri ba.

Na uku shi ne tuna Lahira. Aya ta 28 ta Suratul Waƙi'a ta ambaci magaryar Aljanna, kuma mafi yawan malaman tafsiri sun ce siffar da aka ba ta tana nufin marar ƙaya. Ƙaya kayan gidan duniya ce, inda ake da maci da abin ci. Gidan aminci ba ya bukatarta.

Allah Ya tsare amfanin gonar Musulmi da dabbobinsu, Ya ba su ikon riƙo da sababi tare da dogaro gare Shi, amin.