Giwan ruwa da zuma da attaruhu

Uwargida, in kin dawo gida a gajiye, wannan girkin ba zai ci miki minti 20 ba. Nemi yankan giwan ruwa a kasuwar Yelwa ko wajen masuntan Wara. Tsokarsa na da kauri, ba ta dagargajewa kamar ta karfasa. Wanke da lemun tsami, ki tsane shi sosai, ki barbaɗa gishiri. Soya shi tukuna, minti 4 kowane gefe. Sannan ki rage wuta, ki zuba haɗin zuma cokali 2, jajjagen attaruhu, citta, tafarnuwa da ɗan ruwan tsamiya, kina kwarara masa har ya yi ƙyalli. Kada ki matsa daga murhu, zuma saurin ƙonewa gare ta, nan da nan ta yi ɗaci. Da shinkafar Yauri ya fi tafiya.