Darasin Sanin Doka: Idan Hukuma Ta Hana Mutum Izinin Gini

Birni yana cin ƙauye. Gonaki da yawa a Kumbotso da Ungogo, inda a da ake shuka gero da dawa, yau sun zama filayen gidaje a Kano. Da zarar wuri ya shiga tsarin birni, ba a aza tubali sai da izinin hukumar tsara gari. A Kano sunanta KNUPDA, a Kaduna kuma KASUPDA.

Takardar fili daban, izinin gini daban. Ta farko tana nuna haƙƙin mutum a kan fili, bisa Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Izinin gini kuwa yana nuna hukuma ta duba zanen ginin ta yarda. Mutum na iya riƙe ta farko, a hana shi na biyu.

Wani lokaci hukuma tana da gaskiya. Filin ya hau hanya, ko ya tare magudanar ruwa, ko yana ƙarƙashin manyan wayoyin lantarki. Wani lokaci kuma ba a faɗi dalili. Ma'aikaci ya ce da baki, "Ba zai yiwu ba," mai fili ya koma gida.

A nan ake yin asara, domin ba a kai maganar baki gaban alƙali. Abu na farko shi ne mai fili ya nemi a rubuta masa amsar, da dalilinta, da kwanan wata. Ya kuma adana rasit ɗin duk kuɗin da ya biya. Wannan ba rashin kunya ba ne. Doka mai lamba 88 ta 1992, ta tsara birane, ta ce a sanar da mai nema a rubuce, kuma in an ƙi a faɗi dalili. Sai dai a 2003 Jihar Legas ta yi nasara a kan Gwamnatin Tarayya a Kotun Ƙoli, aka yanke cewa tsara gari aikin jihohi ne. Saboda haka wannan doka a Abuja take da cikakken ƙarfi. A sauran wurare, dokar jiha ake dubawa.

In dalilin mai gyaruwa ne, kamar a ja gini baya daga bakin titi, gara a gyara zanen a sake nema. Ya fi shari'a arha. In kuwa mai fili yana ganin an zalunce shi, sai ya rubuta koke ga shugaban hukumar. Akwai kuma Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975. Ba ta karɓar ko kwabo.

In duk wannan bai yi ba, sai Babbar Kotun Jiha, tare da lauya. Alƙali ba ya duba kyan zane. Abin da yake tambaya shi ne: hukuma ta bi doka? Ta saurari mai fili? Dalilinta yana cikin doka, ko son rai ne? In ya ga kuskure, yana iya soke hukuncin, ya umarci hukuma ta sake duba takardun. Ba kasafai shi da kansa yake ba da izinin ba.

Lokaci yana da muhimmanci. Dokar da ke kāre ma'aikatan gwamnati ta ba da wata 3 kawai na shigar da ƙara a irin wannan magana. Wanda ya ce sai bayan girbi, yana iya tarar da ƙofa a rufe.

Kafin a gama, kada mai fili ya soma gini da dare ko ranar hutu. Ginin da ba shi da izini ana shafa masa jan fenti, ana iya rushe shi, kuma da wuya a biya diyya.

Tambayoyi ga ɗaliban aji:
1. Mene ne bambancin takardar fili da izinin gini?
2. Don me ake neman amsar hukuma a rubuce?