Nasiha ga Yaranmu Masu Sha'awar Darar Ces

'Ya'yana, samari da 'yan matan Gyadi-Gyadi da Tarauni.

Tun da labarin Tunde Onakoya ya karaɗe wayoyi a watan Afrilun 2024, lokacin da ya zauna a dandalin Times Square na birnin New York ya shafe awa 60 yana buga darar ces, na lura wasunku sun kamu da son wasan. Ina ganinku da yamma a bakin shagunan caji na Court Road, mutum uku ko huɗu kun haɗa kai a kan waya ɗaya, wannan yana cewa "tura dokin nan", wancan yana cewa "kai, za a ci maka sarauniya". Abin yana yi mini daɗi. Mu da muka tashi muna haƙa gurbi 30 a ƙasa, wani ya jera tsakuwa 12, wani ya jera kara 12, ba mu da bakin hana ku dara. Sai dai na ji wasu sun fara cewa da ita za su ci abinci, shi ya sa ya zama dole in faɗa muku yadda rayuwar masu wannan sana'a take, domin hangen Dala ba shiga birni ba ne.

Da farko ku sani wasan ba baƙo ba ne a ƙasashen Musulmi. Daga Indiya ya taso, ya bi ta Farisa ya shiga hannun Larabawa, kuma a Bagadaza zamanin Abbasiyawa aka yi shahararren gwani as-Suli. A Borno ma manya sun buga irinsa da suke kira tsatsarandi. Malamai sun yi saɓani a kan hukuncin shaɗaranji, wato darar ces: namu na Malikiyya sun tsananta, Shafi'iyya kuma sun sassauta da sharuɗɗa. Kowa ya tambayi malaminsa. Abin da babu saɓani a kai shi ne, da zarar an sa kuɗi ana caca, ko aka kira salla kana zaune kana cewa "bari in ƙarasa", to ka fita daga abin da kowane malami ya yarda da shi.

Sai maganar tsani. Hukumar wasan ta duniya, FIDE, wadda aka kafa a birnin Paris a 1924, ita ke auna ƙarfin ɗan wasa da maki. Kafin mutum ya karɓi lambar babban gwani sai makinsa ya kai 2500, sannan ya nuna bajinta a manyan gasanni, yawanci sau uku, inda zai kara da gwanaye daga ƙasashe daban-daban. Masu wannan lamba a duniya kaf kimanin 2000 ne. Najeriya ta yi 'yan wasa masu ƙarfi, irin su Odion Aikhoje da ya ciyo lambar zinare a gasar ƙasashen duniya ta 1998 a garin Elista na Rasha, amma har ƙarshen 2024 babu mai wakiltar ƙasar nan da ya zama babban gwani. Ba ƙarancin basira ba ne. Irin gasannin da ake bukata sun fi yawa a Turai da Asiya, kuma sau da yawa ɗan wasa shi zai biya kuɗin jirgi, da masauki, da kuɗin shiga gasa, ya kuma yi fama da neman biza.

Kun ji sunan Gukesh, yaron Indiya da ya zama zakaran duniya a Singafo a watan Disamban 2024 yana da shekara 18. Abin da ba a cika faɗa muku ba shi ne mahaifinsa likita ne, ya ajiye aikinsa ya riƙa raka shi gasa ƙasa-ƙasa, gidan ya koma dogaro da albashin mahaifiyar da taimakon abokan arziki. Allah ya sa abin ya ɗore musu. Gidaje da yawa sun yi irin wannan sadaukarwa ba su kai ko'ina ba, kuma babu mai buga labarinsu. 'Yan ƙalilan da ke can ƙololuwa ne ke rayuwa da kuɗin kyautar gasa. Sauran, har da manyan gwanaye, koyarwa suke yi, ko rubuta littattafai, ko wani aikin daban.

Saboda haka, 'ya'yana, wanda nake so ku kalla shi ne Bassem Amin na Masar. Shi ne ɗan Afirka na farko da ya haye maki 2700, ya ci kofin Afirka sau da dama, kuma duk da haka ya kammala karatun likita a jami'ar Tanta. Ku kalli Amon Simutowe na Zambiya, wanda ya zama babban gwani a 2009: dara ce ta buɗe masa ƙofar karatu a wata jami'a a Texas, daga baya ya wuce Oxford. Su biyun ba su saki karatu don dara ba. Bobby Fischer na Amurka kuwa ya bar makaranta yana da shekara 16, ya zama zakaran duniya a 1972, bayan shekara uku ya ƙi fitowa kare kambinsa, ya yi shekaru a ɓoye, ya rasu a 2008 a ƙasar Aisland nesa da gida. Basirarsa ba ta da tamka, amma bai tanadi komai a rayuwarsa ba sai allon nan mai gida 64. Wanda ke makaranta a cikinku ya riƙe karatunsa. Wanda ke koyon ɗinki, ko gyaran waya, ko tsaron shago a kasuwar Tarauni, ya riƙe sana'arsa da kyau, dara ta biyo baya.

In kuma da gaske kuke son ƙwarewa, to ku koyi yadda ake shan kaye. A gasar gaske mutum biyu kan zauna awa huɗu ko biyar babu magana, agogo yana ƙirga wa kowa lokacinsa, kowa da biro da takarda yana rubuta duk motsin da aka yi. In ka taɓa ɗa, dole shi za ka motsa, babu "ai kuskure ne". In an gama a yi musabaha, wanda aka ci ya koma masauki ya baje takardar nan, ya sake jera 'ya'yan, ya bi wasan ɗaya bayan ɗaya har ya gano inda ya zame. Wani lokaci soja ɗaya ne ya tura da gaggawa a motsi na 20, sai a motsi na 50 abin ya kama shi. Wannan zaman na bitar kuskure shi ke raba gwani da mai sha'awa. Wasan minti uku-uku da kuke yi a waya har tsakar dare yana da daɗi, amma shi kaɗai ba zai kai ku ko'ina ba sai cin data da hana barci. Gara wasa ɗaya a natse, a rubuce, da hamsin na garaje.

Ku tsare amana. Yau wayar da ke aljihunku ta fi kowane zakaran duniya iya wasan, don haka jarabar leƙawa tana da ƙarfi. A 2019 an kama wani babban gwani mai suna Igors Rausis da waya a bayan gida ana tsakiyar gasa a Strasbourg ta Faransa. FIDE ta dakatar da shi shekara shida, ta kuma ƙwace lambarsa. Mutum ya kusa shekara 60, ya zubar da mutuncin da ya daɗe yana tarawa. In an ci ka da gaskiya ka ƙaru, in ka ci da ha'inci ka cuci kanka kafin ka cuci abokin wasanka.

Shi kansa Tunde da ya jawo hankalinku, a shagon mai aski ya koyi wasan a Ikorodu, kuma bai kai matsayin babban gwani ba. Abin da ya ɗaukaka shi shi ne ƙungiyar da ya kafa a 2018, wadda ke shiga unguwannin marasa galihu na Legas, har ƙarƙashin gadar Oshodi, tana koya wa yara dara tana kuma nema musu hanyar makaranta. Wannan aiki ba ya bukatar biza. Yara nawa ne ke gararamba tsakanin Hausawa da Unguwa Uku bayan an tashi daga Islamiyya? Wanda ya iya a cikinku ya samo allo, ya nemi izinin iyaye, ya zaunar da ƙannensa maza da mata ya koya musu, yana tambayarsu karatunsu na boko da na allo.

Ku kuma iyaye, in kun ga yaro da wannan basira kada ku kashe masa gwiwa, kada kuma ku sake masa linzami. Ku yanka masa lokaci, ku san da wa yake zama. Allah ya yi muku albarka, ya ba ku ilimi mai amfani da sana'a ta halal, ya sa ku fi mu.