Fir'aunan Majigi da Fir'aunan Tarihi

Sa'ad da nake gwajin koyarwa a wata makaranta a unguwar Hausawa ta Anacha, na tambayi 'yan aji shida ko wane ne Imhotep. Wani yaro ya miƙe, ya ce mugun boka ne wanda ya tashi daga kabari. Na ce ba haka ba ne. Sai duk aji suka dube ni kamar na yi musu ƙarya, gama sun gan shi da idonsu a majigin nan The Mummy na 1999.

To, 'yan'uwana masu shirin zama malamai, ga abin da na shirya musu kashegari. Imhotep babban bafaden Sarki Zosa ne, shi ake cewa ya tsara dalar Sakkara wajen shekara 2,650 kafin haihuwar Annabi Isa. Mutanen Masar sun girmama shi ƙwarai saboda hikimarsa. Masu majigi kuwa suka ɗauke shi suka sa a zamanin Sarki Seti na Farko, watau bayansa da fiye da shekara 1,300, suka kuma ɓata masa suna.

Haka kuma zancen bayin nan da ake nunawa suna jan duwatsu ana zabga musu bulala. A 1990 aka gano kaburburan magina kusa da dalar Giza, an binne su da mutunci. A 2013 kuma aka tono waɗansu takardu a Wadi al-Jarf, bakin Bahar Maliya, cikinsu har da littafin wani shugaban ma'aikata, Merer. Kullum yakan rubuta aikin ranar, yadda shi da mutanensa suke ɗauko farin dutse daga Tura cikin jiragen ruwa, su bi Kogin Nilu su kai Giza domin dalar Sarki Kufu. Ni dai wannan littafi ya fi burge ni bisa duk zinariyar da ake zubawa a majigi.

Hana yara kallo ba shi yiwuwa, ban kuwa gwada ba. Na ce su tuna da jiragen da ke sauke doya a bakin Kwara, su sa dutse a madadin doyar. Nan take yaron nan ya sāke miƙewa, ya ce ashe Merer irin babansa ne, shi ma yana da littafin da yake rubuta buhunan albasar da suka sauka daga Arewa.