Furen Okid na Tsaunuka: Darasi Kan Yadda Hausa Ke Raɗa wa Tsirrai Suna

Gabatarwa

Wannan 'yar muƙala za ta yi tsokaci a kan wani tsiro da yawancinmu ba mu taɓa kula da shi ba, wato okid mai fitowa a ƙasa cikin kurmin tsaunuka. Ni da na koyi Hausa bayan harshen gidanmu, abin da ya ja hankalina shi ne na nemi sunansa guda ɗaya a Hausa ban samu ba. Manufar muƙalar ita ce duba dalilin hakan.

Mene Ne Okid?

Okid babban dangi ne na tsirrai, mai nau'i kimanin 28,000 a duniya. Wasu kan maƙale a jikin itatuwa, wasu kuma a ƙasa suke tsira, suna ajiye abinci a wani curi mai kama da dankali. Asalin sunan daga Girkanci ne, inda kalmar ke nufin maraina, saboda curin wasu nau'o'in biyu-biyu yake zuwa. A Nijeriya ana samun na ƙasa a wurare masu sanyi kamar tsaunukan Jos, Mambila da Obudu. Akwai ma wanda masana suka laƙaba wa sunan ƙasarmu, wato Disa nigerica.

Me Ya Sa Yake da Wuyar Samu?

Irin okid ƙanana ne kamar ƙura, kuma ba su ɗauke da guzurin abinci irin na ƙwayar gero ko wake. Iri ba zai tsira ba sai ya dace da wata irin funfuna ta cikin ƙasa wadda za ta ciyar da shi. Shi ya sa idan aka tono shi aka kai lambu yakan mutu. Haka kuma idan aka sare kurmi, ko dabbobi suka tattake wurin, da wuya ya dawo. A Zambiya ana haƙar curin Disa da danginsa don yin wani abinci mai suna cikanda, har ta kai ana shigo da shi daga Tanzaniya. Wannan na cikin dalilan da suka sa Tanzaniya ta keɓe gandun Kitulo a 2005 don kare furanninsa.

Yadda Hausa Ke Raɗa Suna

A 1916 wani likita mai suna J. M. Dalziel ya wallafa littafin sunayen tsirrai na Hausa. Wanda ya duba irin waɗannan sunaye zai ga da yawansu harɗaɗɗu ne, kuma hanyoyi biyu sun fi fitowa:

1. Suna + mahaɗi + suna. Misali, albasar kwaɗi da gatarin kurege. A nan Bahaushe kan ɗauki abin da ya sani a gida, ya jingina shi ga wata dabba. Ma'anar ita ce abin ya yi kama da albasa, amma ba ta miya ba ce. A lura da mahaɗin: -r ga albasa don mace ce, -n ga gatari don namiji ne.

2. Aikatau + suna. Misali, manta uwa, sunan da ake kiran wani okid mai hawa itace, Ansellia africana. Irin wannan suna amfanin tsiron yake nunawa, domin an danganta shi da yayen yaro.

Daga nan za mu fahimci cewa Bahaushe kan ba tsiro suna ne idan yana cin sa, ko yana magani da shi, ko yana gudun dafinsa. Okid na tsauni kuwa nesa yake da Kano da Katsina da Sakkwato, saboda haka bai shiga rayuwar yau da kullum ba. In ma an gamu da shi, sai a cusa shi cikin suna na gama-gari irin albasar kwaɗi. Illar hakan ita ce tsiro zai iya ƙarewa ba tare da kowa ya lura ba, tunda ba shi da sunan da za a yi cigiyarsa da shi.

Kammalawa

Mu ɗaliban Keffi muna da wata dama. Jiharmu na da duwatsun Eggon da tsaunukan Wamba inda Farin Ruwa yake, kuma da yawanmu muna jin Eggon, Mada, Gwandara ko Alago ban da Hausa. Idan mun je hutu da damina, lokacin da yawancin waɗannan furanni ke fitowa, mu tambayi mafarauta da masu maganin gargajiya da iyayenmu mata. Mu rubuta sunan da karin sautinsa, da ma'anarsa, da wurin da aka ga tsiron, mu ɗauki hotonsa, amma kada mu tono shi. Sannan mu kawo abin da muka samu sashe, a tantance wanda ya dace Hausa ta ara da wanda za a fassara.