Bashi Da Kotu: Sassaucin Da Manomi Zai Iya Nema

Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. Manoma da yawa sun karɓi rancen taki da iri, musamman tun da aka buɗe shirin rancen manoman shinkafa na Babban Bankin Nijeriya a Birnin Kebbi cikin 2015. Waɗansu sun biya. Waɗansu kuwa fari ya ci su, ko ambaliya irin ta 2022, ranar biya ta zo rumbu ba kome. To, me doka ta tanadar wa irin wannan mutum?

Da fari, rashin biyan bashi ba laifi ne na kamu ba. Dokar shari'ar laifuka ta 2015 da Dokar 'Yan Sanda ta 2020 duk sun hana a kama mutum don ya kasa cika alkawarin ciniki kawai, sun kuma hana a kama ɗa ko mata a madadinsa. Wanda aka tsare saboda bashi yana iya kai ƙara Babbar Kotu. Amma fa wanda ya karɓi rance da ƙarya, wannan zamba ce, hukuncinta daban.

Na biyu, in sammaci ya zo, kada manomi ya ɓuya. In bai je ba, alƙali yana iya yanke hukunci a bayan idonsa. Ya tafi da takardar rance da rasit na duk abin da ya biya, ya roƙi a yi lissafi a fili, watau uwar kuɗi nawa, ruwa nawa. Wanda aka yanke wa hukunci bai sami sammaci ba yana iya roƙon a warware, in ya hanzarta.

Na uku, in bashi ya tabbata, kotu tana da ikon yarda a biya kaɗan kaɗan. Manomi ya faɗi gaskiyar abin da yake samu, ya nemi a sa ranakun biya da kaka, sa'ad da amfanin gona ke hannu. A kotun Musulunci ma akan jinkirta wa wanda ya tabbatar ba shi da hali. Amma in ya saɓa alkawari, sassaucin yana iya zubewa.

Na huɗu, kama kaya yana da ƙa'ida tun dokar 1945. Ma'aikatan kotu ne ke kamawa, da takarda, ba yaran mai bashi ba. Ba a yin gwanjon kayan sai bayan kwana 5, sai dai irin masu saurin lalacewa kamar tumatir. Ba a taɓa gida ko gona sai an rasa kayan da za su isa biya, sa'an nan da iznin Babbar Kotu. In an haɗa da akuyar matarsa ko injin ban ruwa na maƙwabci, mai abin ya kai kukansa kotu nan da nan. Dokar ta keɓe tufafi da shimfiɗa da kayan sana'a, amma na naira 10 kaɗai, watau fam 5 na da, saboda haka kada a dogara da wannan.

Akwai gargaɗi guda. Wanda ya ba banki jinginar takardar gona ko gida, yawanci yarjejeniyar ta ba banki ikon sayarwa ba tare da zuwa kotu ba. Alƙalai kuwa ba su cika tsayar da cinikin ba sai an ajiye kuɗin da ake bi. Lalle a sa wani ya karanta wa mutum takarda kafin ya dangwala hannu.

Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin hukumar ba da taimakon shari'a kyauta, wadda aka kafa a 1976, a babban birnin jiharsa. Kotu ba ta yafe bashi, amma takan ba da lokaci ga wanda ya zo da ƙafarsa.